Kofin da ke Gaban Kamila

Asabar, 5 ga Oktoba, bayan magariba

Na bar Safiyya wajen Inna, na sayo shinkafa da wake a bakin tasha. Waken bai nuna ba. Ina cikin ci sai ga saƙon matata Kamila, na murya, mai tsawo. Tunda ta tafi Lisbon, can ƙasar Fotugal, kwas ɗin nan na adana kayan lambu, ba ta taɓa aiko mini mai tsawo haka ba.

Wai yau babu aji. Masu kwas ɗin sun haɗa su da wani ɗan garin, Tiyago, wanda sana'arsa kenan: ya ɗauki baƙi a ƙafa ya zagaya da su tsohuwar unguwa, shago bayan shago, suna ɗanɗana abincin gargajiya. Ta ce, "Baban Safiyya, lungunansu kamar na cikin birnin Katsina, sai dai hawa da gangara, ƙafafuna har sun yi tsami." Sun ci wani kifi da ake shanyawa da gishiri har ya yi tauri kamar katako, sai an jiƙa shi kafin a dafa da dankalin Turawa da ƙwai da albasa. Sun ci ƙananan kifaye da ake gasawa kan gawayi a bakin titi, kamar yadda masu balangu ke yi. Sai wani ɗan kek mai ƙwai da madara a tsakiya, da zafinsa, wai sunansa nata. Ta ce, "Ka ji sunan, nata. Na ce musu a wajenmu ai nawa ne kenan." Sai dariya.

Da aka kawo wani nama, Tiyago ya tare da hannu ya ce, "Kamila, wannan ba naki ba ne, alade ne." A shagon ƙarshe, inda ake ɗanɗana giyarsu ta inabi, tun ba ta yi magana ba ya sa aka kawo mata ruwan inabi zalla, ya nuna mata kwalbar ta karanta da idonta. Ta ce mutumin akwai lura.

Na tura mata "Masha Allah." Sauran shinkafar na ba kaji.

Lahadi, 6 ga Oktoba, hantsi

Hotuna sun shigo. A ɗaya suna zaune su da yawa a dogon tebur, gangunan giya jere a bayansu. Kowa da kofin gilashi mai dogon wuya a gabansa, da jan abu ciki. Nata ma ja ne. Tana sanye da mayafin da na sayo mata a sallar bara, tana dariya har haƙoranta na ciki sun fito. Shi Tiyago yana tsaye bayanta, dogo, da gemu, hannunsa a kan kujerarta. Kan kujerar, ba kanta ba. Na buɗa hoton na duba.

Ba kishi nake ba. Ni na raka ta har filin jirgi a Kano.

Litinin, 7 ga Oktoba, bayan azahar

Na je Fakuwa duba dawar mutanen da muka ba sabon iri. Wani tsoho ya ce, "Malamin gona, an ce maiɗakinka tana Turai. Kai mi ya hana ka?" Na ce ban nema ba.

Haka nake gaya wa kowa, har a ofis. Kamila kaɗai ta san tare muka nema, rana ɗaya aka kira mu Katsina aka yi mana tambayoyi. Ni na fara aikin nan tun tana makarantar koyon aikin gona. Ni na koya mata gane tsutsar masara da ido. Da sakamako ya fito ita aka ɗauka, ba ta yi murna a gabana ba, ta ce idan ban so ba za ta haƙura. Na ce wace irin magana ce wannan.

Talata, 8 ga Oktoba, da safe

Na sake sauraron saƙon. Sunansa ya fi na ɗiyarta fitowa a bakinta.

Talata, bayan la'asar

Na nemo shafinsa na intanet. Hotunan baƙi ne birjik, Sinawa, Larabawa, tsofaffin Turawa, kowa yana yi masa godiya. A kowane hoto hannunsa na kan kujerar wani. To ashe ɗabi'arsa ce. Na ɗauka wannan zai sanyaya mini rai.

Shekarunmu na aure ban taɓa kai ta ko'ina mun zauna mun ci abinci ba. Tsire nake kawo mata a takarda. Tana cewa an gode, Allah ya ƙara buɗi. Ba ta taɓa ba wani labarin tsirena da irin wannan muryar ba.

Laraba, 9 ga Oktoba, kafin magariba

Na biya shagon Yaya Ɗalha na takin zamani. Ban je da niyyar komai ba. Ya tambayi matafiya, na ce lafiya lau, har ta aiko hotuna. Ya ce mu gani.

Ya daɗe yana kallo. Ya ce, "Sadisu, mi ne ne wannan a gabanta?"

Na ce, "Ga shi nan kana gani."

"Wannan ƙaton fa?"

"Mai yi musu jagora ne."

"Jagora zuwa ina?"

Tun farko shi bai so tafiyar ba, ya ce mace ba muharrami, ƙasar da ko kiran salla babu. Ya ce in tura masa ya duba da kyau a gida, wayarsa ta fi girma. Na tura.

Saƙon muryar yana nan saman hoton. Bai tambaya ba.

Alhamis, 10 ga Oktoba, da safe

Safiyya ta ƙi shan koko, wai ba haka Umma ke damawa ba.

Juma'a, 11 ga Oktoba, bayan sallar Juma'a

A masallaci mutum biyu sun riƙe hannuna sun daɗe ba su saki ba. Ɗaya ya ce, "Sai haƙuri, Malam Sadisu." Ban tambaye shi haƙurin me ba. Mai wankin babur ya ƙi karɓar komai, yana kallona kamar wanda aka yi wa rasuwa.

Abin da ba zan so kowa ya sani ba: na ji daɗin riƙe hannun. Tunda ta tafi, kowa labarinta yake tambayata. Yau ni aka tambaya.

Asabar, 12 ga Oktoba, hantsi

Inna ta kira ni ɗaki ta rufe ƙofa. Matar Yaya Ɗalha ta nuna mata hoton. An zagaye kofin da jan layi, an rubuta wani abu a ƙasa wanda ba zan maimaita ba. Inna ta ce, "Ni yarinyar nan na san ta. Ko goro ba ta ci." Na ce Allah ne masani. Ta dube ni ta ce, "Kai fa? Kai ba ka san matarka ba?"

Na ce ina da aiki a Sukuntuni. Ba ni da aiki a Sukuntuni.

Lahadi, 13 ga Oktoba, bayan azahar

Kamila ta kira. Da farko ban gane me take cewa ba saboda kuka.

Hoton ya kai garinsu, Kusada. Ya shiga guruf ɗin matan unguwarsu, ya shiga na iyayen yaran Islamiyyar mahaifinta, Malam Ɗanmusa. Gidaje biyu sun cire 'ya'yansu daga makarantar, sun ce wanda bai iya tarbiyyar tasa ɗiyar ba ba zai yi ta nasu ba. Malam ya kira ta, bai yi faɗa ba, ya ce kawai ta haɗa kayanta.

Ta ce, "Baban Safiyya, mutum biyu na tura wa hoton nan a duniya. Kai da Zuhura."

Na bar ta ta ci gaba.

Ta ce, "Tun muna yara haka take. Duk abin da na samu sai ya tsone mata ido. Amma ban zaci za ta kai nan ba. Ƙanwata, uwa ɗaya uba ɗaya."

Na ce ta yi haƙuri, ta daina kuka, kada kanta ya yi ciwo. Ta ce, "Kai kaɗai ka san gaskiya, kai na yi wa bayani. Allah ya bar mini kai."

Na ce amin.

Litinin, 14 ga Oktoba, da safe

Ban je ofis ba.

Litinin, bayan la'asar

Zuhura ta kira, ban ɗauka ba. Ta sake kira. Sai ta turo murya: "Yaya Sadisu, don girman Allah ka gaya wa Yaya Kamila ba ni ba ce. Na rantse mata da Alƙur'ani ta kashe waya. Baba ya karɓe wayata, da ta maƙwabciya nake magana. Ya ce ba zan koma makaranta Dutsin-Ma ba sai ya ga ƙarshen maganar nan."

Wata mai zuwa take da jarrabawar ƙarshe.

Na shiga shafin Tiyago. Ya sa sabon hoto da wasu baƙi, a tebur ɗin nan dai, kujerar nan dai. Wata tsohuwa ce a zaune inda Kamila ta zauna. Shi yana can yana cin kifinsa, bai san akwai wani gari Kusada ba.

Talata, 15 ga Oktoba, bayan azahar

Yaya Ɗalha ya zo har gida. Ya ce shi mutum ɗaya ya nuna wa, don neman shawara. Ya ce yanzu dai abin ya fito, in yi abin da namiji ke yi, in rubuta mata ko da ɗaya ne ta shiga hankalinta. Na ce ban ce ta sha ba.

Ya ce, "Ba ka ce ba. Amma da na tambaye ka mi ne ne a kofin, mi ka ce mini?"

Ban ba shi ruwa ba har ya tafi.

Laraba, 16 ga Oktoba, da safe

Malam ya aiko in zo gobe.

Alhamis, 17 ga Oktoba, bayan magariba

Na isa Kusada da hantsi. Ana ta yankan gero a gefen hanya. Na tarar da Malam a zaure, kan buzunsa, shi kaɗai. Na cire takalmi tun daga waje, na durƙusa na gaishe shi. Ya rame. Mutumin da ke cika zaure da murya, yau sai da na matsa kafin in ji shi.

Ya ce, "Sadisu, na kira ka ne in ba ka haƙuri."

Na ce, "Subhanallahi, Malam."

"Bari in gama. Amana na ba ka, kai kuma ka yarda da ita ka bar ta ta tafi inda mutane da yawa ba za su bar matansu ba. Ta ce mini ba ta sha ba. Ina so in yarda. Amma uba ba shaida ba ne, kowa zai ce ɗiyarsa ce. Na ce ta baro karatun ta dawo. In ka ga ba za ka iya zama da ita ba, ba zan riƙe ka a raina ba. Abin da nake roƙo, kada ka wulaƙanta ta a gaban ɗiyarta."

Sai ya kama hannuna da hannayensa biyu. Dattijon da ya ɗaura mana aure, wanda ko ido ban taɓa haɗawa da shi ba.

Ban san lokacin da na ciro wayar ba. Na ce, "Malam, akwai abin da ya kamata ka ji."

Muryarta ta cika zauren. Lunguna, hawa da gangara, kifi mai tauri kamar katako. Da ta zo wajen nata ta yi dariya, na ga bakin Malam ya motsa. Da ta zo wajen alade da ruwan inabi da kwalbar da ta karanta da idonta, ya rufe ido. Ya ce in mayar baya. Na mayar. Ya ce alhamdulillahi, ya sake cewa, ya share fuska da gefen rawaninsa.

Sai ya ce, "Yau ta aiko maka wannan?"

Na ce a'a.

"Yaushe?"

"Ranar da suka fita."

"Kafin hoton."

"Kafin hoton."

Ya saki hannuna. Bai janye da ƙarfi ba, ajiye shi ya yi, kamar yadda ake ajiye kayan wani. Daga nan ya ɗaga murya ya ce a kira masa Zuhura. Ta shigo idanunta sun kumbura. Ya ciro wayarta daga aljihu ya miƙa mata ya ce, "Ki yafe mini, ɗiyata. Gobe ki koma makaranta." Ta dube shi, ta dube ni. Ba ta gaishe ni ba.

Ya ce mini, "Allah shi kiyaye hanya."

Duk zuwan da nake yi gidan nan sai an fito mini da fura. Na tsaya wajen babur na ɗan jima, kamar ina gyara madubi.

Juma'a, 18 ga Oktoba, bayan la'asar

An ce Malam ya tara iyayen yara bayan Juma'a ya sa musu saƙon, Zuhura ce ta karɓo daga wajen yayarta. Ashe sun yi magana. Ya ce Kamila ta zauna ta ƙarasa karatunta. Bai ambaci sunana ba. An ce wani ya tambaya wa ya fitar da hoton, ya ce ba don wannan ya tara su ba.

Na kira Kamila, ba ta ɗauka ba.

Lahadi, 20 ga Oktoba, da safe

"Ina Safiyya?" Shi kenan abin da ta rubuto. Na ɗauki hoton yarinyar na tura. Ta gani.

Laraba, 23 ga Oktoba, bayan azahar

Na rubuta mata mai tsawo na goge. Na yi na murya na goge, muryata kamar ta mai tallan magani.

Matar Yaya Ɗalha ta gaya wa Inna wai Kamila na aika wa Zuhura saƙonni kullum, an kai su wata gona inda ake busar da tumatir da hasken rana, an kai su bakin teku. Zuhura na sa wa 'yan ɗakinsu a makaranta suna shan dariya. Wato yanzu Zuhura ke ji.

Ba kishi nake ba. Wa ya rage ma in yi kishi da shi.

Asabar, 26 ga Oktoba, kafin magariba

Inna ta daina tambayata komai. Tana zuba mini tuwo ta turo kwanon da ƙafa, ta juya ta ci gaba da tsintar wake.

Asabar, 2 ga Nuwamba, bayan la'asar

Ta dawo. Ba ta gaya mini jirgin ba, ƙanin Malam ne ya ɗauko ta daga Kano. Motar ta tsaya ƙofar gidan Inna. Ta shiga ta gaishe ta, sun daɗe a ɗaki, ta fito riƙe da hannun Safiyya da jakar kayanta.

Na ce, "Sannu da hanya."

Ta ce, "Yauwa, mun same ku lafiya?" Kamar ta haɗu da ni a layin asibiti.

Ta yi haske. Ko ramewa ce, ban sani ba. Ƙanin Malam ya ce za ta kwana biyu a Kusada ta ga iyayenta. Safiyya tana ɗaga mini hannu ta gilashin baya har suka sha kwana.

Talata, 5 ga Nuwamba, bayan magariba

Na je Kusada. Ta fito zaure, ta zauna nesa, a bakin ƙofar cikin gida.

Na fara magana ta tsayar da ni. Ta ce, "Tambaya ɗaya. Ka taɓa zaton na sha?"

Na ce a'a.

"Ko sau ɗaya?"

"Ko sau ɗaya."

Ta ce, "Da ka yi zaton, da ya fi mini sauƙi. Sai in ce mijina ya yi mini mummunan zato, in yi fushi, in huce. Amma ka sani. Ina kuka ina zagin ƙanwata kana cewa kada kaina ya yi ciwo." Ta ƙara da cewa, "Na tambaye ka kafin in tafi, Baban Safiyya. Na ce in ba ka so in haƙura."

Na ce na so ki tafi. Na kuma so a ce ni ne. Duka biyun.

Ta ce Malam ya wanke ta a wajen waɗanda suka zo taro. Amma akwai gidajen da hoton ya shiga, saƙon bai shiga ba, kuma ko ya shiga suna cewa uba ne ke rufa wa ɗiyarsa asiri. Ta ce, "Kai za ka je. Da ƙafarka, ba ta waya ba. Ka yi sallama, ka zauna, ka gaya musu abin da ka sani da lokacin da ka san shi. Ka fara da Zuhura."

Na ce in na gama fa?

Ta ce, "Ka gama tukuna."

Alhamis, 7 ga Nuwamba, bayan la'asar

Dutsin-Ma. Zuhura ta bar ni tsaye bakin ƙofar makaranta cikin rana har inuwa ta juya. Da ta fito ta saurare ni har ƙarshe ta ce, "Na ji, Yaya Sadisu. Ina da karatu."

Asabar, 9 ga Nuwamba, bayan azahar

Yaya Ɗalha ya ce na zubar da mutuncin gidanmu, namiji na yawo gida-gida kamar mai tallan kuka. Na ce ya ba ni sunan wanda ya nuna wa. Ya ba ni suna huɗu.

Wasu suna ba ni tabarma. Wasu daga bakin ƙofa. Wani a Yashe ya kira 'ya'yansa maza ya ce su zo su ji, ban san ko don darasi ba ko don kallo.

Litinin, 11 ga Nuwamba, kafin magariba, a zauren Malam

Yau na je wajen Alhaji Kabo, ɗaya daga waɗanda suka cire yaransu. Ya saurara yana jan carbi. Ya ce yaran za su koma gobe. Har na miƙe ya ce, "Sai dai ni fa na riga na tura wa surukina a Maraɗi. Shi kuma ka san shi da jama'a."

Daga can na wuto nan. Ta fito, ta zauna inda ta zauna rannan. Ta ce ina aka kwana. Na gaya mata duka, har da Maraɗi. Na ce, "Kamila, abin nan ba shi da ƙarshe. Ko shekara zan yi ina yawo ba zan cim masa ba."

Ta ce, "Na sani. Tun ina can na sani." Ta gyara mayafi. "Maraɗi ba nisa. Ka cika tanki."

Na ce to.

Ta miƙe, har ta ɗaga labule ta tsaya, ba ta juyo ba. Ta ce, "Ka ci abinci yau?"

Na ce ban ci ba.

Ta ce, "To." Ta shige.

Ba ta ce in jira ba, ba ta ce in tafi ba. Ina jin muryar Safiyya a tsakar gida da ƙarar kwanoni, amma gidan mutane da yawa ne, kuma lokacin tuwo ne. An fara kiran salla. Takalmana suna waje. Ban sa su ba.